Marubucin da Alhaji Attahiru Ke Nema

Tun ba a gama jera kujeru ba Alhaji Attahiru, dillalin hatsi na Bungudu, ya iso zauren taron a Gusau, da lauyansa a gefe. Ba kallon fim ya kawo shi ba. An sanar a rediyo cewa yau za a bayyana wanda ya rubuta littafin da aka mayar fim, shi kuwa shekara ashirin da bakwai ke nan yana neman mutumin nan ruwa a jallo.

Littafin labarin wani ƙaramin gari ne, da wani dillalin hatsi mai cika gindin buhu da dusa, ga shi da mugun tsoron talo-talo. Marubucin bai sa sunansa ba, kuma da farko babu wanda ya kula. Matar Alhaji, Hajiya Dije, ita ta zo da shi gida ta karanta masa, don shi da ya ga rubutun boko sai idonsa ya fara ciwo. Tana kai shafi na tara ta fashe da kuka.

"Alhaji, wanga littafi da kai yake! In ka bari ana saida shi, ni da fita biki har abada."

Alhaji ya tara dattawan Bungudu, waɗanda ko bangon littafin ba su gani ba, suka yi ta zarya har aka haramta shi. Tun daga ranar kasuwar littafin ta buɗe. Direbobi na ɓoye shi a ƙarƙashin kujera, mata na ba juna aro a gidan suna. Mutanen Bungudu suka ce ai da Tsafe ake, na Tsafe suka rantse Bungudu ce. Alhaji dai ko'ina ya wuce sai ya ji ana kukan talo-talo a bayansa, abin na ci masa rai ƙwarai.

Zarginsa ya faɗa kan Malam Yari, wani malamin firamare, saboda yana sa tabarau kuma ya cika shiru. Ya sa aka yi masa canjin wurin aiki, bawan Allah ya tafi yana rantsuwa. Duk wanda ya taɓa riƙe biro a garin sai da Alhaji ya bincike shi. Mata kuwa bai ma sa su a lissafi ba: wadda ke cikin gida, ina ta san abin da ake ƙullawa a kasuwa? Haka yake faɗa wa Hajiya kullum a kan tuwo, bayan ya gama ba ta labarin cinikin ranar kaf.

Da aka ɗage haramcin aka yi wasan kwaikwayo a rediyo, yanzu ga fim. Garuruwan da suka yi ta guje wa littafin har sun fara faɗa a kan wanda za a ce nasa ne. Shi Alhaji mutuncinsa kawai yake so a dawo masa da shi, a gaban alƙali.

Daraktan fim ɗin ya karɓi lasifika. Ya ce shekara guda littafin ya yi a shago ba a sayi ko goma ba, sai marubucin ya nemo wanda zai sa a haramta shi. Ya roƙi jama'a su tarbi marubucin da tafi.

Alhaji ya zunguri lauya, ya waiwaya yana laluben Malam Yari.

Hajiya Dije ta miƙe daga gefensa, ta gyara mayafi, ta ɗora masa jakarta a cinya, ta ce, "Riƙe min, Alhaji, yanzu zan dawo."