Yumɓun Gindin Tsamiya

In ka ji wani ɗan jagora yana kai kuka a tasha, sai ka rantse tun da aka kafa duniya ba a taɓa zaluntar ɗan Adam kamarsa ba. Ruwan sama ya ci amanarsa, in ji shi, tsamiya ta yi masa butulci, balbelu sun haɗa baki sun tozarta shi, har tsohuwar da ya kai sunanta birni ta tafi ko sallama babu. Shi fa! Mutumin da in ya buɗe baki a cikin mota har direba sai ya rage gudu don ya ji. To, Malam, gyara zama ka ji yadda aka yi wannan zalunci.

Sana'arsa ita ce ya kwaso 'yan yawon buɗe ido daga birni da safe, ya kai su wani tafki a gindin dutse, inda ruwa ke tsattsafowa garau a ƙarƙashin wata tsohuwar tsamiya da balbelu suka yi wa fari fat. In rana ta take, sai ya gangara da su ƙauye, gidan wata tsohuwa mai ginin tukwane, su ga yadda curin laka ke zama randa a hannunta, su sayi kasko ko tulu, kafin magariba ya mayar da su gida. Yumɓun da take gini da shi daga bakin tafkin nan ake haƙo shi, kuma matan ƙauyen suna da ƙa'ida tun kaka da kakanni: da rani kaɗai ake haƙa, in aka taɓa saiwar tsamiya a tsaya, a cike ramin da duwatsu. Abin da ke ci wa ɗan jagora rai shi ne, da an shiga gidan tsohuwa sai kowa ya juya masa ƙeya. Ita da ba ta ce uffan ba, ita ake ɗauka hoto. Shi da maƙogwaronsa ya bushe tun safe, ko kallo ba ya samu. Rannan a bakin tafki wata baƙuwa ta dube shi ta ce, "Malam, duk ranar nan da kake sha, fuskarka sumul kamar ta ango. Mene ne sirrin?" Sirrin man kaɗanya ne na kasuwa, amma ina daɗin wannan a baki? Sai ya shafa kumatu, ya nuna gindin tsamiya, ya ce, "Hajiya, ga shi can. Ban da yumɓun nan ba na shafa komai, har ƙuraje da tabon ƙuna yana gogewa." Nan take wayoyi suka juyo kansa gaba ɗaya, ya kuwa gyara tsayuwa.

Da farko kowane baƙo ɗan dunƙule yake ɗiba a leda. Da maganar ta bazu a waya, sai masu sayar da kayan kwalliya suka zo da buhuna, bayansu kuma tifa. Ɗan jagora yana tafe yana taƙama, wai shi ne ya buɗe wa ƙauye ƙofar arziki. Tsohuwa ta tare shi a hanya ta ce, "Ɗan nan, ramin nan fa ya wuce saiwa. Kai suke ji, ka ce musu wasa kake." Ya yi dariya ya ce, "Haba Iya, ƙasa ce fa, ƙarewa take yi?" A ransa kuwa, ya gwammace a cire masa haƙori da ya tsaya gaban wayoyin nan ya ce man kaɗanya ne. Ruwan farko na damina da ya sauka, gaɓar tafkin ta zabtare, tsamiya ta kife cikin ruwa saiwoyinta a sama, ƙasa ta toshe idon ruwan. Balbelu suka yi ta kewaya wurin suna neman sheƙunansu, daga baya suka tashi. Tsohuwa ta sa aka ɗebo mata laka daga wata fadama, ta gina, ta shanya, ta gasa. Da aka yaye toka, randunan duk sun tsage tun daga baki har gindi. Ta sake gwadawa, haka. Sai ta kife kaskon da take gini a kai, ta ja ƙyaure, ta koma wurin ɗanta a birni. Matan da suka koya a hannunta yanzu bokitin roba suke kasawa a bakin titi.

Duk da haka ɗan jagora ya sake cika mota ɗaya, don bai iya wata sana'a ba. Ya tsayar da baƙin a gaban kududdufin taɓo da busasshen kututturen tsamiyar. Wani dattijo a cikinsu ya daɗe yana kallon ramukan, sannan ya ce, "Wane marar tsoron Allah ne ya jawo wannan?" Ɗan jagora ya buɗe baki zai ambaci ruwan sama, ya dubi kututturen, ya rufe. Can ya ce, "Alhaji, wani maƙaryaci ne. Shi ne kuma sanye da hular nan da ke kaina." Ba wanda ya yi dariya, ba wanda ya ɗaga waya. Suka koma mota tun azahar ba ta yi ba.

Shi ya sa Bahaushe ya ce, baki shi ke yanka wuya.