Kundin Malam Barau

Tun da aka kafa doka cewa duk hukuncin da na'urar kotu ba ta karɓa ba tamkar ba a yi shi ba ne, Iya Tabawa ta rasa sukuni. Ranar Laraba ta naɗe kundin marigayi mahaifinta, Malam Barau, magatakardan alƙalin garinsu, ta kai kotu. A ciki ya rubuta da ajami shari'ar da ta bar musu gonar bakin rafi.

Wata ma'aikaciya ta kifa shafin a kan gilashin na'urar. Fitila ta yi ja.

"Iya, ta ƙi. Shaidun ba su da cikakken suna. Dogo mahauci kawai aka sa, da Gwanin gabas."

"Ai haka ake rubutawa, 'yata. Wa bai san su ba? Dogo shi ya yanka san bikina."

"Ba ta jin maganar baki, Iya."

Tsohuwar ta miƙa hannu. "A bar gonar. Ba ni rubutun babana."

Ma'aikaciyar ta sunkuyar da kai. "Abin da ta ƙi ba ya fita daga nan."

Iya Tabawa ta koma gida rungume da zanen da ta naɗo kundin a ciki. Har yanzu yana ƙamshin tawada.