Labulen Taga Mai Fuska Uku

"Yi sauri, Lachlan, ga shi can ya sake fitowa!" in ji matata Bronwyn. Tana riƙe mini tsani, ina ƙoƙarin rataya labule.

Tun da muka tare a gidan nan a garin Launceston, maƙwabcinmu na tsallaken titi yake tsayawa a barandarsa kullum da yamma, ya ƙura wa tagar falonmu ido. Taga ce mai fuska uku da ta turo waje, ta ko'ina ana hango mu. Ba gaisuwa, ba murmushi.

Sandar labulen ta ƙi zama a kusurwa, ƙusa ta yanke ni a yatsa.

"Kai da ka ce ka iya komai!" ta ce.

Da ƙyar na rataya shi. Muka ja, falon ya yi duhu, ta yi ajiyar zuciya.

Washegari da rana aka ƙwanƙwasa ƙofar baya. Matar mutumin ce, Noeleen, sanye da baƙin tabarau alhali ana yayyafi.

"Don Allah ku cire labulen nan," ta ce ƙasa-ƙasa.

"Mijinki ne ya hana mu sakat da kallo," in ji Bronwyn.

"Ba kallonku yake yi ba, 'yar'uwa. Dubawa yake yi ko kuna ganinmu. Muddin tagarku ba labule, ba ya taɓa ni."

Ta zare tabarau. Idonta ɗaya ya kumbura, ya rufe.

Sai muka ji motar mijinta ta tsaya.

Na ruga falo, na fizgo labulen har da sandar. Mijin ya riga ya fito daga mota, yana tsaye yana kallon tagar. Wannan karon ban ɗauke idona ba.