Lambar Zazzaɓi a Hannun Baba

Tun da 'yan ta'adda suka zuba ƙwayoyin cuta a tankin ruwan gari, likita ya daina yanke hukunci a asibiti. Na'ura ce ke tambayar majinyaci, ta buga masa lamba a hannu, kuma mai lambar cutar harin kaɗai ake yi wa allurar maganin.

Uwani ta turo mahaifinta a keken marasa lafiya, fatarsa duk ta ɗaye, yana jan numfashi da ƙyar.

"Ya jiki?" in ji na'urar.

"Da sauƙi, alhamdulillahi," Baba ya amsa.

Kafin Uwani ta buɗe baki, lambar zazzaɓi ta hau hannunsa. Ta juya kan ma'aikacin da ke kula da na'urar.

"Malam, dubi fatarsa! Wannan ne zazzaɓi? Wane dattijo ka taɓa dubawa ya ce maka jiki ya tsananta? Ko a bakin kabari yake, da sauƙi zai ce!"

"Hajiya, ni ba na taɓa lamba. Za ta sake tambayarsa sau ɗaya, daga nan shi ke nan."

Uwani ta durƙusa a gabansa. "Baba, don girman Allah ka faɗa mata mutuwa kake yi."

"Uwata, ga ni ina numfashi. Da wane baki zan kai ƙarar Ubangiji wurin ƙarfe?"

"Ya jiki?" na'urar ta maimaita.

Uwani ta toshe bakin mahaifinta da tafin hannunta, tana kuka don takaici. A cikin tafin ta ji leɓɓansa suna motsi, suna gode wa Allah.