Takardar da Ba Ta Kai ga Minista Ba

"Allah ya isa tsakanina da ma'aikacin da bai kai takardar nan ba!" in ji Nawal, tana kuka a ƙofar kotun Alƙahira. "Ramzi, ka ce amin mana!"

A baya masu sulhu sun ba mijinta gaskiya kan kuɗin gadar da ya gina wa gwamnati. Yau kotu ta soke hukuncin, wai minista bai sa hannu a yarjejeniyar sulhun ba. Mijin kuwa baƙin cikin shari'ar ya riga ya kashe shi.

Ƙanen nata ya sunkuyar da kai. "Amin, Yaya."

Yana isa gida ya buɗe tsohuwar jakar aikinsa. Takardar tana nan, tun ranar da ya baro ma'aikatar da wuri don ya yi mata waliccin aure.