Gaisuwar Munzir Daga Suwidin

Kowace Alhamis bayan la'asar, Isam yakan rufe shagonsa na gyaran waya a unguwar Ard al-Liwa ta Alƙahira, ya hau bene hawa biyar domin ya yi wa wata tsohuwa ƙarya.

Inna Mahasin ce tsohuwar, Bahaushiyar Sudan kamarsa. Ɗanta Munzir ya tsallaka teku yana ɗan shekara sha biyar, yau ga shi babban mai sharhi a Suwidin. Da sharhin finafinai ya fara a rediyo, daga baya talabijin ta ɗauke shi, har ta kai ba a zaman muhawara sai da shi. Isam kuwa shekara bakwai ya yi a ƙasar kafin su koro shi, bai dawo da komai ba sai yarensu. Haka ya zama mai yi mata tafinta duk Alhamis idan an nuna shirin Munzir.

Abin da ke ci masa tuwo a ƙwarya shi ne, da labarin maraici Munzir ya samu takardun zama, da shi kuma ya yi suna. Ko fim ɗin yaƙi ake tattaunawa ko na soyayya, sai ya san yadda ya sako uwarsa da ta mutu a kan idonsa a hanyar hamada. Turawa su yi ta share hawaye. Uwar kuma tana zaune a tabarma a Alƙahira, waya jingine da butar shayi, tana kallon bakinsa.

"Me ya ce?" takan tambaya.

"Yana gaishe ki, Inna. Ya ce takardunki sun kusa fitowa."

"Tamam. Allah ya yi masa albarka."

Shekara uku ana haka. Isam ya tsani Alhamis, ya tsani ɗan kwat ɗin nan mai hawayen kada, ya fi tsanar nasa bakin da ya iya ƙarya haka. Sau biyu yana hawa benen da niyyar fasa ƙwai. Duk biyun ya tarar da ita da abin sauraro a kunne, leɓɓanta na motsi, tana rubutun ajami a wani tsohon littafi. Ya ce a ransa baiwar Allah tana karatunta, ya haɗiye maganar. Wani lokaci carbin hannunta kan tsaya cak tun Munzir bai rufe baki ba. Isam ya ɗauka tsufa ne.

Ranar wata Talata ta rasu, ba ta ga takardun ba. Munzir bai zo ba. Ta yaya mutum zai zo jana'izar wadda ya binne tun shekara ashirin?

Da aka dawo daga maƙabarta, maƙwabciyarta Amani ta miƙa wa Isam littafin, ta ce marigayiya ta bar wasiyya a ba shi. Ya buɗe yana sa ran addu'o'i.

Kalmomin yaren Suwidin ne, dubbai, a rubuce da ajami, kowace da ma'anarta da Hausa. Shafin farko ya girmi haɗuwarsu da shekara shida, tun tana shirin ranar da ɗanta zai aiko a tafi da ita. Ya juya zuwa shafin ƙarshe, na Alhamis ɗin da ta wuce.

"Yau ma Munzir ya ce na mutu a hamada. Isam ya ce yana gaishe ni. Allah ya saka wa Isam da alheri."