Maganin Tarin Larai

Aikin Rafi'u a asibiti wankin kwalabe ne, amma shekara tara yana shiga yana fita cikin likitoci, har ya fara jin farar riga kawai ya rasa. A unguwarsu ta Mahjar kowa "Daktor" yake ce masa. Shi kaɗai ne bai san tsokana ba ce.

A 1969, a wani tsakar gida da ake haska sinima, ya kalli fim ɗin Japan. Wani likita ne ke ɗura wa marasa lafiya magani ba da saninsu ba, yana rubuta yadda suke ƙarewa. Rafi'u ya fito yana tofin Allah tsine. Abu ɗaya ne ya burge shi, littafin rubutun nan. Washegari ya sayi irinsa.

Da ma yana da haɗinsa na maganin tari: habbatus sauda, sanamakki (wato filasko), da wani farin gari da ya kankaro a gindin kwalba. Ga matarsa Larai wata biyu tana tari. Ya gaya wa kansa shi ba mugu ba ne irin na fim, nasa ƙauna ce. Bai dai tambaye ta ba, don ya san amsar.

Kullum da safe shi ke zuba mata shayi, ya ɗiga haɗin a ɓoye, ya miƙa mata, ya juya baya don ba ya iya kallo. Sannan ya ɗauki butar shayinsa ya tafi aiki.

Tari ya fara sauƙi. Shi kuwa alhaki a ciki ya kama shi: murɗa, gumi, zaryar bayi sau shida kafin azahar. Ya rame har wando na zame masa. Tsoro ya cika shi kada ya kashe uwar 'ya'yansa, Luba da ƙannenta, amma ya kasa dainawa, wai sai gwaji ya cika kwana arba'in.

Ran kwana na arba'in ya durƙusa gabanta da hawaye, ya faɗi komai, ya nemi gafara. Bai manta ya ƙara da cewa magani dai ya yi aiki ba.

Larai ta dafe ƙirji. "Ya Satir! Ai ƙwayoyin mustashfa nake sha, Abu Luba, kuma daktor ɗin asibitin ya hana ni shan shahi. Kunyarka na ji, shi ya sa kullum in ka juya baya nake mayar da shi cikin butarka."